Madatsar Kore Mairuwa da Ƙarar Mani Magini

Da sunan Allah Mai rahama Mai jinƙai. Tsira da aminci su tabbata ga Annabinmu da alayensa da sahabbansa.

Mai girma shugaban wanga taro. Mai girma wakilin gwamnati, wanda ya baro Dogon Dutsi don ya zauna tare da mu. Ranka ya daɗe mai gari, da sarakunan da suka tako daga Tibiri da ƙauyukan kewaye. Allah gafarta liman da malamanmu. Dattawan ƙasa, waɗanda suka san wanga kori tun ba a haifi iyayenmu ba, waɗanda ba mu aza dutse ko ɗaya ba sai da suka gaida masu wurin. Arɗo Kawu da dukan makiyayan da ke bayansa. Magina da masu fasa dutse. Iyayenmu mata da suka ɗebo ruwan kwaɓa siminti a kawunansu. Jama'ar Kore Mairuwa, manya da yara, na kusa da na nesa, assalamu alaikum wa rahmatullah.

Ga wanda bai san ni ba, sunana Issa, mutumin Tibiri ne ni, kuma gini ne sana'ata. Ni aka ba kwangilar wagga madatsar ruwa da ke bayana, wadda Nasara ke ce wa baraji, shi ya sa aka ce in miƙe in yi magana. Na gode wa Allah da ya nuna mana kaka ta shigo, gero ya shiga rumbu, ga kuma ruwa kwance a wurin da muka saba ganin rairayi. Na gode wa hukuma da ta ba da aikin. Na gode wa duk wanda ya ɗauki dutse, da duk wadda ta ɗauki tulu, da duk wanda bai ɗauki kome ba amma ya wuce ya ce mana sannu da aiki.

Magana ta farko da nake so in ajiye a gabanku labari ce. Da yawanku kun san rabinsa, kaɗan ne suka san shi duka. Labarin Mani magini ne, mutumin garin nan, abokin hamayyata a sana'a.

Ni da Mani mun haɗu a zamanin aikin tilas, muna samari, lokacin da aka kwaso mu muna fasa dutse a kan hanyar motar da ta taso daga Dosso ta nufi Ƙonni. Dattawa sun san zamanin, ba sai na tuna musu ba. Wata rana da damina aka yi ruwa mai ƙarfi, wanga kori ya cika ya batse, aiki ya tsaya, gardin da ke tsaronmu ya bar mu muka zauna a bakin gaɓa. Ruwa ja wur yana gudu, yana ɗauke da rassan itace da ƙwarya da kaji matattu. Kashegari da la'asar muka dawo, babu ko ɗigo, sai rairayi mai laushi da sawun tsuntsaye. Mani ya daɗe yana kallo, sa'an nan ya ce mini, “Issa, ina ruwanga yake zuwa da yake sauri haka?” Na ce ban sani ba. Ya ce, “Da za a sa mai ƙyaure, da ya zauna da mu.”

Daga nan ya fara faɗa mini abin da yake gani, yana nuni da hannu kamar abin yana gabanmu. Ya ce can inda gawon nan yake, nan ruwa zai kai. Ya ce a gefen gabas za a yi lambu, albasa da tumatir da rake, kore shar a tsakiyar rani. Ya ce balbelu za su riƙa sauka da yamma har itatuwa su yi fari. Ya ce shanu za su sha su kwanta a wurin ba tare da an ja guga ba, yaran Arewa kuma su koyi iyo kamar 'ya'yan masunta. Yana faɗa, ni ina kallon rairayi, ga bayanmu duk shatar bulala, amma sai da na ji kamar sanyin ruwan yana taɓa mini fuska.

Tun daga ranar bai daina faɗa ba. Ya faɗa a kasuwa, ya faɗa a wurin suna, ya faɗa a wurin zaman makoki. Har ya zama a ƙasar nan, in matafiyi ya hango kawalwalniya tana rawa a kan faƙo da tsakar rana, sai ya ce wa abokin tafiyarsa, ga tafkin Mani can. Kun faɗa, na faɗa, shi ma yakan yi dariya in ya ji.

Da aka hana aikin tilas, shekara goma da 'yan kai ke nan, muka riƙe abin da muka koya a cikin wahala ya zama sana'armu. Ya gina rijiya, na gina rijiya. Ya gina ɗakin lakwal, wato makarantar boko, na gina rumfunan kasuwa. In ya samu aiki ba na jin daɗi, in na samu ba ya jin daɗi, amma kullum muka haɗu sai mun ci goro ɗaya.

Sai ga mai shela a kasuwa yana cewa gwamnati za ta datse korin Kore Mairuwa, duk maginin da ke iyawa ya rubuto yadda zai yi aikin da abin da zai karɓa, ya liƙe takardarsa ya kai Dogon Dutsi, ranar Litinin za a buɗe a gaban kowa. Jama'a, ku tuna da Mani a wagga rana. Abin da ya yi shekaru yana faɗa ana dariya, shi ne mai shela ke faɗa da ganga.

Ranar Litinin da hantsi muka isa, shi da tasa takarda, ni da tawa. Gardin da ke bakin ƙofa ya ce mana, “Ai an gama. Tun ran Asabar aka buɗe, don wanda zai shugabanci zaman yana da tafiya.” Takarda ɗaya ce tak aka tarar a ranar, ta wani babban kamfani daga bakin teku, aka ba shi aikin. Ban tsaya nan don in ce an yi haka da mugun nufi ba. Abin da na sani shi ne an ce Litinin, aka yi Asabar.

Ni na juya na kama hanyar Tibiri, don a ganina magana ta ƙare. Mani kuwa ya nufi gidan Mushe Tukur, malamin lakwal, ya zauna a ƙofarsa har aka tashi yara. Mushe ya saurare shi, ya ce masa a Yamai akwai wata kotu wadda ba ta shari'ar ɓarawo, ba ta shari'ar gona, ba ta shari'ar aure, aikinta kawai ta duba ƙarar da mutum ya kawo a kan gwamnati ita kanta, in ta kauce wa dokar da ta kafa. Mani ya ce, “Mushe, kana nufin gwamnati da hannunta ta gina ɗakin da za a yi ƙararta?” Ya ce, “Ta gina.” Mani ya ce, “To ina son in ga wanga gini.” Mushe ya gargaɗe shi, ya ce, “Ka sani fa, ko ka yi nasara ba su ba ka aikin. Iyakarsu su soke abin da aka yi, a sake daga farko.” Mani ya ce, “Ni dai a buɗe tawa a karanta.”

Aka rubuta ƙara aka aika. Ba a daɗe ba umarni ya zo cewa aiki ya dakata sai an yanke hukunci. Kamfanin ya riga ya jibge duwatsu ya haƙa rami, sai ya kwashe mutanensa ya tafi, ya bar ramin iska tana cika shi da rairayi.

A nan ne labarin ya yi ɗaci, kuma ba zan tsallake ɗacin ba don yau ranar murna ce. Ranin da ya biyo baya ya yi tsanani. Rijiyoyi suka ja baya, mata suna wuni a bakin rijiya kafin tulu ya cika. Duk wanda ya wuce ya ga tarin duwatsun nan, sunan mutum ɗaya yake kira. Aka daina dariyar tafkin Mani, aka koma cewa Mani ya hana mu ruwa. Matarsa Shatu, ga ta can zaune cikin mata, ita ta fi kowa sha. In ta zo rijiya sai a yi shiru, gugarta kuma ita ce ta ƙarshe. Ta ce masa, “Maigida, ban ce ka janye ba. Amma ina so ka san abin da nake ji kullum, kada ka zaci kai kaɗai ke shari'ar nan.”

Sa'an nan Arɗo Kawu ya zo har gida ya same shi. Arɗo yana nan, in na yi ƙari ya gyara mini. Bai zauna a tabarmar da aka shimfiɗa masa ba. Ya ce, “Magini, shanuna ba su san Litinin ba, ba su san Asabar ba. Jiya na bar saniyar da na gada daga mahaifina a kwance a hanyar rijiya. Wa zan kai ƙara, ni?” Washegari Mani ya ɗauki diga da igiya ya tafi tsohuwar rijiyar da ke kusa da rugar Arɗo, ya shiga, ya yi ta haƙa har ruwa ya ƙaru. Abin da ya rage na garken ya sha ya kai damina. Amma waɗanda suka mutu sun mutu, babu alƙalin da ya dawo da su, babu kuma madatsar da za ta dawo da su.

Da lokacin zaman kotu ya yi, aka kira ni shaida, tun da ni ma na zo ranar Litinin na tarar da ƙofa a rufe. Muka hau kamiyo, babbar motar kaya, a kan buhunan gyaɗa, muka bi hanyar nan da muka fasa wa dutse da hannunmu. Duk inda muka wuce Mani yana nuna mini, a nan wane ya suma, a nan muka kwana da yunwa, ga mu yau a zaune a kanta za mu kai ƙara. Da muka isa Yamai, kafin mu nemi masauki sai da ya ja ni bakin kogin Kwara. Ni da shi ba mu taɓa ganin ruwan da ido ba ya kai ƙarshensa ba. Jirage suna tafiya a hankali kamar ba tuƙa su ake ba, mata suna wanki, hayaƙi yana tashi daga tsallake, rana tana narkewa a cikin ruwan. Wani Bazabarme ya gaya mana su a bakinsu Isa suke ce wa kogin. Mani ya dube ni ya ce, “Ka gani, kai har kogi gare ka, ni tafki kawai nake nema.”

Ɗakin shari'ar ba shi da girman da muka zata. Fanka tana juyawa a sama a hankali, alƙalai suna zaune cikin baƙaƙen riguna, tafinta yana tsaye a gefe. Abin da ba zan manta ba shi ne, da aka kira Mani ya miƙe, aka kira wakilin hukuma, shi ma ya miƙe. A ƙasa ɗaya suka tsaya, tambaya iri ɗaya aka yi musu, kowa kuma sai da ya jira a ba shi izini kafin ya yi magana. Ni aka tambaye ni ranar da mai shela ya faɗa, na faɗa. Aka tambayi wakilin hukuma ranar da aka buɗe, bai ɓoye ba, ya faɗa.

Babban alƙalin ya tambayi Mani abin da yake so. Maimakon ya amsa a taƙaice, sai ya fara ba su labarin tafkinsa. Ya kawo albasa, ya kawo rake, ya kawo balbelu, ya kawo yara masu iyo. Tafinta yana juyawa, muryarsa tana ƙara yin ƙasa, mai rubutu ya ajiye alƙalaminsa, ba a jin kome sai fankar nan. Na ɗan lokaci na rantse kamar ruwa ya shigo ɗakin ya kai mana idon sawu. Alƙalin bai katse shi ba. Da Mani ya gama, alƙalin ya ce a gaya masa kotu ba ta da ikon cewa wa ya fi iya gini, ba ta kuma da ikon ba da ruwa, abin da za ta duba shi ne ko an cika ranar da aka yi wa jama'a alkawari.

Bayan damina hukunci ya iso. An soke bayar da kwangilar, an ce a sake shela. Aka sake. Wagga karon a farfajiya aka yi zaman, a gaban jama'a, a ranar da aka faɗa. Kamfanin ya sake kawo tasa, Mani ya kawo, na kawo. Aka buɗe kowace a gaban idonmu, aka karanta da Faransanci, aka juya da Hausa. Da aka kira sunan Mani aka fara karanta tasa, na ga ya rufe ido yana saurare kamar mai jin karatun malami. Masu zaman suka yi shawara, suka auna, suka ce tawa aka ɗauka.

Jama'a, na samu ayyuka da yawa a rayuwata, ban taɓa samun wanda ya yi mini nauyi irin wanga ba. Mutum ya yi mafarki tun yana saurayi, ya sha zagi, matarsa ta sha, ya kai ƙara ya yi nasara, ƙofar da ya buɗe kuma ni na shige. Na kasa ɗaga kai. Sai na ji hannun Mani a kafaɗata. Ya ce, “Issa, ka ci, kuma a gabana ka ci. Amma in ka rage siminti a gindin ginin nan, ni da kaina zan kai ka Yamai. Yanzu na san hanya.”

Na bi shi gida na roƙe shi mu yi aikin tare. Ya ƙi. Ya ce shi ba ya aiki a ƙarƙashin mutumin Tibiri. Amma tun daga ranar da muka fara haƙa har ranar da muka aza dutsen ƙarshe, yana zuwa ya zauna a kan gaɓa da malafarsa, yana gaya wa masu wucewa duk abin da nake yi ba daidai ba. Wani abin na ji na gyara, wani abin na yi kamar ban ji ba.

Da ruwan farko na bana ya sauko, kori ya taho da gudunsa na kullum, ya zo ya daki ginin, ya juya, ya sake duka, sa'an nan ya kwanta. Da safe gari duka ya fito. Mani ya zo daga baya, ya cire takalmansa, ya naɗe wando, ya shiga har gwiwa, ya tsaya. Ya daɗe a tsaye. Na matsa kusa na ce, “Yaya ka gani?” Ya ce, “Bai kai nawa girma ba.” Ya dubi ƙafafunsa a cikin ruwan, ya ce, “Amma wanga yana jiƙa ƙafa.”

Wanga shi ne labarin. Magana ta biyu roƙo ce ga hukuma, kuma ina yin ta da ladabi a gaban wakilinta. Muna roƙo duk aikin da za a bayar a yi shelarsa a kowace kasuwa, da Hausa da Fillanci, ranar da aka faɗa kuma ta zama ita ce ranar, ko wa ke da tafiya. Muna roƙo irin wagga shari'a a riƙa yanke ta da sauri, don alƙali yana iya jiran rani ya wuce, amma saniya ba ta iyawa, mace mai tulu ba ta iyawa. Gaskiyar da ta iso a makare ta iso, amma mun ga abin da ta taka a hanya.

Magana ta uku tamu ce, mu 'yan ƙasa. Kuna ji ana ta faɗa a Dogon Dutsi da Yamai cewa zamani yana juyawa, wata rana 'ya'yanmu ne za su zauna a kujerun biro, wato ofisoshin gwamnati, su ne za su raba ayyukan hanya da rijiya da asibiti. Allah ya sa alheri. Amma ina roƙonku, in ranar ta zo, kada mu ce tun da namu ne ke ciki a rufe ɗakin can na Yamai. Namu ma yana iya yin tafiya ran Asabar. Namu yana da ƙane, yana da suruki, yana da abokin da suka tashi tare. A bar ɗakin a buɗe, a bar shi ga magini da makiyayi da mai sayar da fura, a bar shi ya zama wurin da mai mulki zai miƙe tsaye in an kira sunansa. In kuma wani a cikinmu ya kai ƙara, kada mu yi shiru in matarsa ta zo rijiya.

Na ga wasu tun ɗazu suna waige-waige suna neman Mani. Ba ya nan. An yi shela za a gina sabuwar rijiya ta siminti a Dogon Kiriya, shekaranjiya ya ɗaura wa jakinsa kaya ya yi arewa, ya tafi ya ga ƙasar wurin da idonsa kafin ya rubuta takardarsa. Ya bar wa Shatu saƙo ta ba ni, ta kuwa ba ni da safen nan a gaban mutane. Ya ce a gaya wa Issa ya ci shagalinsa lafiya, amma wagga rijiya ba ya ganin ta. To ni ma tawa takarda tana nan a liƙe. Ranar Alhamis ta sama za a buɗe a Dogon Dutsi, duk mai hali ya zo ya tsaya ya saurara. In na ci ku shaida, in ya ci ku shaida, in kuwa ya ci, to ku sani akwai wanda zai je ya zauna masa a bakin rijiyar da malafa.

Allah ya albarkaci wanga ruwa, ya sa mu sha lafiya, dabbobinmu su sha lafiya, ya tsare yaranmu daga zurfinsa. Allah ya mayar wa Arɗo Kawu da makiyaya abin da suka rasa da mafi alheri. Allah ya saka wa Shatu da haƙurinta, ya kai Mani lafiya ya dawo da shi lafiya. Allah ya ji ƙan waɗanda suka faɗi a kan hanyar can ba su ga wagga rana ba. Allah ya ba shugabanninmu na yau da na gobe ikon cika abin da suka faɗa, ya ba alƙalai tsoronsa, ya ba ƙasar Arewa damina mai albarka da zaman lafiya. Allah ya mayar da kowa gidansa lafiya.

Na gode.